Kashi Nawa Cikin Ɗari

Ido ba mudu ba ne, in ji Iya, amma ya san kima.
Ita nata idon a tafin hannu yake.
A Farin Gada, rana ba ta gama hawo duwatsun Shere ba,
sai ta kama kunnen buhun dankali, ta ɗan jijjiga,
ta ce: arba'in da takwas.
Ɗanliti ya rataya a sikeli,
allura ta yi rawa, ta tsaya a kan hamsin.
Iya ta ja tsaki: sikelin nan naka sanyi ya kama shi.

Lokacin ina aji biyu.
Malam Gyang, da guntun alli kamar haƙorin akuya,
ya ce: ga abin da ka zata, ga abin da yake,
cire ƙaramin daga babban.
Giɓin nan raba shi za ka yi,
ba da zatonka ba,
da gaskiyar,
sannan ka ninka sau ɗari.
Ya bugi tebur: gaskiya ce a ƙasa, ita ke dakon kayan.

Na buga a bayan kwalin sukari.
Biyu bisa hamsin.
Iya, kin yi kuskuren huɗu cikin ɗari.
Ba ta ɗago daga tsintar ruɓaɓɓu ba.
Casa'in da shidan fa, ta ce,
su malamin naku ba ya rubuta su?

Ranar da na shiga motar Abuja
ta tura mini ƙullin acca ta taga.
Na ce shekara biyu, Iya, in tara na shago in dawo.

Na samu aiki wurin magina.
In dubi fili in faɗi bulo nawa,
rodi nawa, siminti tirela nawa,
har ake cewa yaron nan da wuya ya kauce da kashi uku.
Ɗaki a Nyanya, cunkoso da asuba, cunkoso da magariba,
biyu ta zama goma ban ji ƙarar faɗuwar ko ɗaya ba.
Takwas bisa goma: tamanin.
Ka ga ma dokar Malam ta yi mini sassauci.
Da da alkawarina aka raba
ɗari huɗu zai fito.

Likita a Lamingo ya ce wata shida.
Ta yi takwas.
Ashirin da biyar cikin ɗari, kuskuren likita.
Malam ya ce lissafin bai damu ba
ko ka zarce ko ka gaza, giɓi giɓi ne.
Amma a watanni biyun nan ta sha gwate da yakuwa,
ta yi faɗa da mai gawayi a kan canji,
ta kira ni sau goma sha ɗaya,
na ɗauki bakwai.

Na nemi hutu. Na ƙiyasta kwana bakwai a gefen gadonta,
har na tsara wanda zan yanke mata farce.
Mun wuce Akwanga, muna Hawan Kibo,
direba ya sa giya ɗaya, mota na nishi,
waya ta yi ƙara a aljihuna.

Zato: bakwai.
Abin da yake: babu.
Bakwai bisa sifili.
Malam Gyang, wannan ba ka koya mana ba.
Ka dai ce ba a yi,
ka goge allo, aka kaɗa ƙararrawa.

Jiya na je Farin Gada.
Ɗanliti ya yi furfura, sikelin na nan da tsatsarsa.
Wata ce a rumfar, ba ta san ni ba.
Na kama kunnen buhu, na jijjiga kamar yadda take yi,
ƙasar Bokkos ta zubo mini a takalmi.
Na ce: arba'in da takwas.

Ya miƙa hannu zai jawo ƙugiya.
Na ce bar shi, Baba.
Bar shi haka.